Wai da gaske mata baƙaƙen fata sun yi soja a yaƙin Hitila?

Maman Hanan, Jidda:
Salamu alaikum 'yan uwa. Na ga wani tsohon hoto a waya, mata baƙaƙen Amurka cikin kaki suna fareti, wai a Ingila 1945. Abin ya ɗaure min kai, ba lokacin ne a kudancin ƙasarsu ko a bas sai kujerar baya ake barinsu ba? Masu sani a taimaka don Allah.

Baban Walid, Makka:
Wa alaikumus salam Hajiya. Gaskiya ne, bataliya ta 6888 kenan, mata 855 ƙarƙashin Manjo Charity Adams. Wasiƙun sojoji ne suka taru a rumbuna a Birmingham har rufi, ɓeraye na cinye tsarabar da iyaye suka aiko, ga sanyi ga duhu, aka ba su wata 6 amma cikin wata 3 suka tantance wasiƙu kusan miliyan 17 suna karɓa-karɓa dare da rana. Masu suna Robert Smith kaɗai sun kai 7,500, sai an bi lambar soja a gane wanne ne. Duk da haka wani janar ya ce zai turo farar fata ya nuna wa Manjo Adams yadda ake riƙe bataliya, ta ce masa sai dai bayan ranta.

Goggo, Madina:
Allah sarki. Ku yaran yanzu ba ku san darajar wasiƙa ba, mu da muke jiran alhazai su sauka mu ji ko an aiko da takarda ko kaset daga gida, mu muka san girman aikin matan nan. Mutum yana bakin daga bai san ko uwarsa na raye ba fa.

Nas Hauwa, Riyad:
Goggo wallahi ni na nas-nas ne ya fi min ciwo. A 1941 sojan ƙasa na Amurka ya ce nas-nas baƙaƙe 56 kawai zai ɗauka, daga baya aka tura wasunsu Arizona jinyar fursunonin Jamus, wato su taɓa abokin gaba babu laifi amma sojansu fari ana ƙyashi. Sai 1948 shugaban Amurka Truman ya sa hannu a daina wariya a soja.

Maman Hanan, Jidda:
Toh da suka koma gida an karrama su kuwa?

Baban Walid, Makka:
Ina, Hajiya. Aka sallame su a 1946 ko fareti babu. Lambar zinare ta majalisar dokokin Amurka sai 2022 aka amince da ita, lokacin waɗanda suka rage a raye ba su kai goma ba.