Shingen kashi 5 na majalisar Jamus: garkuwa ne ko toshe bakin masu zaɓe?

Malam Isiyaku: Assalamu alaikum. Tun bayan zaɓen Jamus na 23 ga Fabrairun 2025 nake juya wata magana a raina, yau zan ajiye ta a gabanku. A ganina, dokar da ta hana jam'iyya shiga majalisar Bundestag sai ta samu kashi 5 cikin 100 na ƙuri'un ƙasa ita ce ta hana Jamus sake faɗawa ramin da ta faɗa a zamanin Jamhuriyar Weimar. Tsakanin 1919 da 1933 ƙasar ta yi gwamnatoci wajen 20, majalisa cike da ƙananan jam'iyyu, kowace da kiɗanta. A zaɓen 1928 jam'iyyar Hitler kashi 2.6 kacal ta samu, amma aka ba ta kujeru 12. Da akwai shinge a lokacin, da ba ta samu wurin tsayawa ba. Bayan yaƙi kuwa, daga 1961 har zuwa 1983 rukuni uku ne kawai a majalisar, wato CDU da abokiyarta CSU, sai SPD, sai FDP, ƙasa kuma ta zauna lafiya. Wanda maciji ya sara, in ya ga tsumma sai ya gudu, kuma ban ga laifinsa ba.

Hajiya Rabi: Wa'alaikumus salam, Malam. Shekaruna 19 a birnin Kolon na Jamus, kuma na kaɗa ƙuri'a a wannan zaɓen, don haka bari in fara da abin da hannuna ya taɓa. Takardar zaɓen doguwa ce, an raba ta gida biyu. Ta hagu an rubuta da baƙin tawada, nan ne mutum yake zaɓar ɗan takarar mazaɓarsa, ɗaya daga cikin mazaɓu 299. Ta dama an rubuta da shuɗi, nan ne ake zaɓar jam'iyya, kuma wannan ƙuri'ar ta biyu ce take yanke yawan kujerun kowace jam'iyya. A kanta shingen yake aiki.

Daren zaɓen ban yi barci da wuri ba, saboda jam'iyyar BSW ta Sahra Wagenknecht, wadda ta yi ta lilo a bakin kashi 5 har tsakar dare ta wuce. Da aka kammala lissafi, ta tsaya a kashi 4.98, ƙuri'u wajen 9,500 suka rage mata a ƙasar da mutum kusan miliyan 50 suka fita zaɓe. Mutum kusan miliyan biyu da rabi ne suka zaɓe ta, ba ta samu ko kujera ɗaya ba. FDP ta samu kashi 4.3, ita ma ta fita. Idan aka haɗa da sauran ƙanana, kusan kashi 14 na ƙuri'un ba su da wakili. Ban zaɓi ko ɗaya daga cikinsu ba, amma Malam, ina so ka faɗa mini da wane harshe za a rarrashi maƙwabcina, tsohon direban bas, wanda ya yi layi cikin sanyin Fabrairu, ya wayi gari aka ce ƙuri'arsa daidai take da ta wanda ya yi kwanciyarsa a gida.

Dakta Bashir: Allah ya gafarta Malam, tarihin nan da ka kawo shi ne wanda ake yawan maimaitawa, amma ƙafarsa ɗaya gajeriya ce. Gwamnati ta ƙarshe a Weimar da take da rinjaye a majalisa ita ce ta Hermann Müller, kuma ta rushe a watan Maris na 1930 saboda saɓani kan kuɗin inshorar marasa aikin yi tsakanin SPD da jam'iyyar DVP. Dukansu biyu sun haura kashi 5, don haka shinge ba zai taɓa su ba. Wata shida bayan haka jam'iyyar Nazi ta tashi daga kashi 2.6 zuwa 18.3, a watan Yulin 1932 kuma ta kai 37.3. A wannan zaɓen kujerunta 230, na 'yan kwaminis 89, a majalisa mai kujeru 608. Ka ga manyan jam'iyyu biyu da ba su yarda da tsarin ba ne suka haɗa fiye da rabin zauren. Abin da ya ci Weimar shi ne durƙushewar tattalin arziki, da mutum miliyan 6 marasa aikin yi, da Shugaba Hindenburg da ya koma mulki da dokar ta-ɓaci ƙarƙashin sashe na 48 na tsarin mulkin Weimar. Ƙananan jam'iyyu ƙura ce a ido, ba su ne cutar ba.

Malam Isiyaku: Dakta, na karɓi alƙalumanka, amma ban karɓi hukuncinka ba. Kujeru 12 na 1928 sun ba mutanen Hitler albashi, da kariya daga gurfana a kotu, da tikitin jirgin ƙasa kyauta na zagaya ƙasa, da mumbarin magana. Goebbels, mai yaɗa farfagandar Hitler, yana cikin waɗannan 12. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi.

Dakta Bashir: To ai an gwada abin da kake faɗa a zamaninmu, Malam. Ba ina daidaita jam'iyyar Nazi da AfD mai adawa da shigowar baƙi ba ne, aikin shingen kawai nake aunawa. A 2013 AfD ta samu kashi 4.7, shinge ya hana ta shiga. A 2017 ta dawo da kashi 12.6, a 2025 kuma ta zo ta biyu da kashi 20.8 da kujeru 152. Shinge yana tsare ɗan akuya, ba ya tsare ambaliya.

Idan kana neman abin da ya ba Jamus ta bayan 1949 zaman lafiyar gwamnati, ka duba sashe na 67 na tsarin mulkinta. Majalisa ba ta da ikon tsige shugaban gwamnati da ƙuri'ar yanke ƙauna sai ta zaɓi magajinsa a ƙuri'a guda ɗin. A Weimar masu adawa daga hagu da dama suna iya haɗuwa su kayar da gwamnati ba tare da sun yarda da wanda zai gaje ta ba. Yanzu wannan ƙofar a rufe take. Sau biyu kawai aka gwada ta a tarayya. A 1972 madugun adawa Rainer Barzel ya nemi kayar da shugaban gwamnati Willy Brandt, ƙuri'a biyu suka rage masa. A ranar 1 ga Oktoban 1982 Helmut Kohl ya gaji Helmut Schmidt ta wannan hanya, bayan FDP ta sauya abokin ƙawance. A ganina wannan sashen ne ginshiƙi, shingen kuwa ado ne da aka ƙara. Ko a zaɓen 1949 a matakin jiha ake lissafa kashi 5 ɗin, sai a 1953 aka mayar da shi na ƙasa baki ɗaya.

Ɗanjuma: Iyayena, ku yi haƙuri in sa baki. Ni ina bayan Malam, kuma hujjata tana cikin zaɓen da Hajiya ta ba da labarinsa. Majalisar tana da kujeru 630, rinjaye yana buƙatar 316. CDU da CSU sun samu 208, SPD ta samu 120, jimla 328. Da BSW ta samu waɗannan ƙuri'u 9,500, da an sake raba kujerun, kuma da waɗannan biyun ba su kai rinjaye ba. Tunda sauran jam'iyyu sun ce ba za su haɗa gwamnati da AfD ba, sai dole a nemo ta uku, mai yiwuwa jam'iyyar Greens ta masu rajin kare muhalli. Mun ga yadda ƙawancen jam'iyyu uku ya ƙare, lokacin da shugaban gwamnati Olaf Scholz ya sallami ministan kuɗinsa Christian Lindner a ranar 6 ga Nuwamban 2024 gwamnati ta watse. Ko da ƙawancen biyun ma, Friedrich Merz ya faɗi a zagayen farko na zaɓen shugaban gwamnati ranar 6 ga Mayun 2025 da ƙuri'a 310, abin da bai taɓa faruwa ba tun 1949, sai a zagaye na biyu ya samu 325. Idan jirgi na tangal-tangal da mutum biyu, ina ga uku?

Hajiya Rabi: Ɗana, ka kawo hujjar da ta fi kowace ƙarfi, amma ka saurari abin da take faɗa. Tana cewa gwamnatin Merz ta samu rinjaye ne saboda an zubar da ƙuri'un wasu. CDU da CSU da SPD gaba ɗaya kashi 45 ne na masu zaɓe, shingen ne ya mayar da su kashi 52 na majalisa.

Akwai kuma ɓarnar da ba ta fitowa a alƙaluma, wato tsoro. Mako biyu kafin zaɓe za ka ji mutane a wurin aiki suna cewa kada ka yi asarar ƙuri'arka, jam'iyyar nan tana kashi 4 a ƙiyasin jin ra'ayi. Sai mutum ya bar wadda yake so ya zaɓi wadda yake iya jurewa. Akwai ma abin da suke kira ƙuri'ar aro. A zaɓen jihar Lower Saxony na Janairun 2013 magoya bayan CDU da yawa sun ara wa FDP ƙuri'arsu ta biyu don kada ta faɗo ƙasa da shinge, sai ga ta da kashi 9.9, ƙawancen nasu kuma ya rasa mulki da kujera ɗaya tak. A zaɓen tarayya na wannan shekarar aka ƙi ba da aron, FDP ta samu 4.8 ta fita daga Bundestag karon farko tun 1949. Wannan duk lissafin 'yan caca ne, ba bayyana ra'ayi ba.

Shingen ma ba kowa yake kamawa ba. Jam'iyyar da ta ci mazaɓu 3 kai tsaye tana tsallake shi, shi ya sa Die Linke ta shiga da kujeru 39 a 2021 alhali kashi 4.9 ta samu. Jam'iyyar SSW ta tsirarun 'yan Denmark da Firisiya an yafe mata shi gaba ɗaya, ta samu kujera ɗaya a 2025. Da gwamnatin Scholz ta soke ƙa'idar mazaɓu 3 a gyaran 2023, kotun tsarin mulki da ke Karlsruhe ta mayar da ita a Yulin 2024, kuma cikin dalilan akwai halin CSU, wadda a Bavariya kaɗai take takara, ta kuma samu kashi 5.2 na ƙasa a 2021. Jam'iyyar da take lashe kusan dukkan mazaɓun jiharta ta kusa zama abin da shingen zai share.

Dakta Bashir: Ku leƙa maƙwabta ma. Ostiriya tana da shingen kashi 4 a majalisarta mai kujeru 183, jam'iyyu biyar ne kacal suka shiga a Satumban 2024, amma sai 3 ga Maris 2025 aka rantsar da gwamnatin Christian Stocker, wata biyar ana ja-in-ja, saboda jam'iyyar FPÖ mai adawa da shigowar baƙi ce ta zo ta ɗaya kuma tattaunawarta da ÖVP, jam'iyyar Stocker, ta wargaje. Suwizalan kuwa ba ta da shinge a dokar zaɓen majalisar ƙasa mai kujeru 200, kuma tun 1959 manyan jam'iyyu suke raba kujeru 7 na majalisar zartarwa a tsakaninsu. Ban san ƙasar da ta fi ta kwanciyar gwamnati a Turai ba.

Malam Isiyaku: A nan kam na kama ka, Dakta. Suwizalan tana da shinge, sai dai ba a rubuta shi ba. Kowace jiha mazaɓa ce, Zurich tana da kujeru 36, amma Uri da Glarus kujera ɗaya-ɗaya gare su, ƙaramar jam'iyya ba ta da abin da za ta samu a can. Sannan majalisarsu ba ta iya tsige gwamnati kafin wa'adi ya cika, kuma wanda majalisa ta yi wa ba daidai ba yana iya tara sa hannu 50,000 cikin kwana 100 a kai dokar gaban jama'a. Bajamushe ba shi da wannan a matakin tarayya. Gwamnatinsa a kan rinjayen majalisa take tsaye kullum, don haka dole majalisar ta zama mai iya haifar da rinjaye. Ita kanta kotun Karlsruhe wannan bambancin ta yi. Ta soke shinge a zaɓen Majalisar Turai, na kashi 5 a 2011 da na kashi 3 a 2014, amma ta bar shi a Bundestag, domin ita ce take zaɓar shugaban gwamnati ta kuma riƙe shi.

Na janye maganata ta farko cewa shingen ne kaɗai ya ceci Jamus, sashe na 67 ya fi shi nauyi. Amma Hajiya, ba a kashe ƙananan jam'iyyu ba. Duk wadda ta samu kashi 0.5 tana karɓar tallafin kuɗi daga gwamnati, kuma masu rajin kare muhalli sun tashi daga kashi 1.5 a 1980 zuwa 5.6 a 1983 suka shiga da ƙafarsu.

Hajiya Rabi: Ni ma ban ce a rushe shi ba, Malam. A 1983 manyan jam'iyyu biyu, CDU/CSU da SPD, suna riƙe da kusan kashi 87 na ƙuri'u, abin da shingen yake yankewa kaɗan ne. A 2025 suna riƙe da 45, wuƙar kuma tana nan da kaifinta na da. A sauke shi zuwa kashi 4 kamar na Ostiriya, ko a bar mai zaɓe ya rubuta jam'iyya ta biyu da ƙuri'arsa za ta koma gare ta idan ta farkon ba ta tsallake ba.

Ɗanjuma: Shawara ta biyu zan iya goyon bayanta, Hajiya, domin ba ta ƙara yawan jam'iyyun zauren. Ta farko kuwa, a lissafin 2025 tana nufin BSW da FDP duk sun shiga, rukunan majalisa sun zama bakwai, kuma Merz zai zauna teburin tattaunawa da aƙalla jam'iyyu biyu bayan tasa, ɗaya daga cikinsu ko dai Greens wadda CSU ta yi yaƙin zaɓe tana cewa ba za ta zauna da ita ba, ko kuma FDP ta Lindner da SPD ta rabu da ita wata uku kafin nan.