Wane suna za mu ba mai rubutun wasanni na mako-mako?

Jama'a, assalamu alaikum. Kalma ɗaya nake nema: me za mu kira wanda Bature ke ce wa "columnist"? Wato mutumin da jarida ta ware wa guri, duk mako ya zo ya faɗi ra'ayinsa da sunansa, galibi har da hotonsa a sama. A fagen wasanni abin ya fi damuna, don a nan ne muka ɗora wa "mai sharhi" kayan da ya fi ƙarfinsa.

Ku duba. Wanda ke zaune a filin wasa na Sani Abacha da ke Ƙofar Mata, ƙungiyar Kano Pillars na taka leda, shi kuma yana ɗaga murya har mai shayi a Fagge ya san ƙafar da ƙwallo take, mai sharhi muke ce masa. Wanda aka gayyato gidan rediyo bayan an tashi ya bayyana dalilin shan kashi, mai sharhi. Wanda ya zauna da alƙalami bayan ƙura ta lafa ya ce laifin na hukumar ƙungiya ne ba na koci ba, shi ma mai sharhi. Aiki uku ne, kowanne da irin baiwar da yake buƙata, amma mun haɗa su a suna ɗaya.

Ga misali daga tarihin ƙwallon Najeriya. Marigayi Ernest Okonkwo na Rediyon Najeriya aikinsa faɗin wasa ne ana cikin yi, shi ne ya laƙaba wa Segun Odegbami sunan "Mathematical". Shi kuwa Odegbami, wanda ya ci wa Najeriya ƙwallo biyu a wasan ƙarshe na gasar cin kofin nahiyar Afirka da Aljeriya a Legas a 1980, da ya ajiye takalmi sai ya kama alƙalami. Ya shafe shekaru yana rubutu a jaridu, daga baya ya kafa gidan rediyon wasanni na Eagle7 a Jihar Ogun. In ka ce dukkansu masu sharhi ne ba ka yi ƙarya ba, amma ba ka faɗa wa yaro mai tasowa wace sana'a kowannensu ya yi ba.

Na taɓa yin wannan tambayar, wasunku kuma sun aiko da sunayen da suke ganin sun dace. Na ga shawarwarinku, na gode.

Malamin da ya ce "ɗan jarida" ya wadatar, ranka ya daɗe, ban yarda ba. Wakilin jarida labari yake kawowa, an hana shi sa bakinsa a ciki. Wannan kuwa bakin nasa ake saye. Ran da Pillars ta faɗa rukuni na biyu a 2022, wakili ya rubuta abin da ya faru. Wanda nake magana a kansa shi ne mai hurumin tambayar yadda ƙungiyar da ta ci gasar ƙasa a 2008, ta kuma jera uku daga 2012 zuwa 2014, ta kai ga haka, ya kuma ɗauki zafin magoya baya a kansa.

"Mai fashin baƙi" kalma ce mai kyau, mu bar wa baƙon da ake gayyatowa. "Marubucin shafi" da ya yi, sai dai yau in ka ce shafi hankali Facebook yake tafiya. "Mai kusurwa" bai zauna a bakina ba.

'Yar'uwa daga Damagaram da ta kawo "sanƙira", Hajiya, kin tuna mana da abu mai daraja. Duk wanda ya taɓa tsayawa a fagen dambe ko kokawa ya san yadda sanƙira ke zuga ɗan wasa har tsikar jikin 'yan kallo ta tashi. Sai dai sanƙira yabo ne aikinsa. Marubucin da bai iya komai ba sai yabo, mai karatu ba ya jimawa da shi.

Tawa shawarar ita ce "mai fili". Ba ni na ƙirƙira ba, a bakinmu take. Mai gabatar da shiri kan ce "barkanmu da sake saduwa a wannan fili", masu aiko da wasiƙu kan roƙi edita ya ba su fili. Kalmar ta riga ta ɗauki ma'anar gurin da aka keɓe wa mutum a jarida ko a rediyo, kuma wannan ne ya fi jan hankalina, domin a ƙasar Hausa mai sauraro ya fi mai karatu yawa, kuma sau da yawa mutum ɗaya ne ke yin duka biyun. Sannan ba ruwanta da namiji ko mace, jam'inta kuma ba wuya: masu fili.

Na san inda za a kama ni. A harkar wasanni fili na nufin inda ake buga ƙwallo, a unguwa kuma mai fili shi ne mai fuloti. Gaskiya ne. Amma magana ba ta zuwa ita kaɗai. A ambaton farko a ce "mai filin wasanni a jaridar kaza", daga nan "mai filin" ya isa. Ku gwada da baki: "Ya yi shekara da shekaru yana mai filin wasanni a jarida, kuma shi ke gabatar da shirin ranar Asabar a rediyo." Ba wanda zai zaci dillalin filaye ake nufi.

Ni dai daga yau da ita zan riƙa aiki, kuma ina roƙon editoci da masu fassara a ɗakunan labarai su gwada ta. Saura na mai faɗin wasa kai tsaye. "Mai sharhi" za mu bar masa, ko akwai abin da ya fi? 'Yan Maraɗi da Tawa, me kuke kiran wanda ke faɗin kokawar takobi a rediyo?