Tozarta ɗalibai mata a intanet a Indunusiya: me ya sa laifin ke komawa kan yarinya?

Maman Husna: Assalamu alaikum. Ƙanwata da ke karatu a wata jami'a a Indunusiya ta kira ni cikin damuwa, domin an ɗora hoton ƙawarta ba da izininta ba a wani shafin Instagram mai tattara hotunan kyawawan ɗalibai, mutane suka yi mata ca suna kiranta "ayam kampus", wato kazar jami'a, sunan da ake jifan wadda ake zargi da karuwanci. Yarinyar ta goge shafinta, ta daina shiga aji. Shin babu dokar da za ta kare ta?

Malamin Tarihi: Wa'alaikumus salam, Hajiya. Tushen matsalar yana cikin abin da suke kira "aib", aibun da muka sani, da kuma "nama baik", wato kyakkyawan sunan gida ko na makaranta, wanda ake ɗora nauyin kiyaye shi a wuyan 'ya mace. A 2018, da mujallar ɗalibai ta Balairung ta fallasa labarin wata ɗalibar Jami'ar Gadjah Mada da aka sakaya sunanta da Agni, wadda ta ce abokin karatunta ya ci zarafinta, an samu masu ɗora mata wani kaso na laifin. Wannan zalunci ne, kuma addinin da ake fakewa da shi ya haramta ƙazafi da yaɗa aibun mutane.

Yar Damagaram: Malam ya yi gaskiya, sai dai dokar kanta ta taɓa cizon wadda aka zalunta. Baiq Nuril, ma'aikaciyar wata makaranta a tsibirin Lombok, ta naɗi kalaman batsa da shugabanta ke yi mata ta waya, amma ita Kotun Ƙoli ta yanke wa ɗaurin wata 6 a ƙarƙashin dokar sadarwar intanet ta 2008, sai da Shugaba Joko Widodo ya yi mata afuwa a 2019.

Malamin Tarihi: Haka ne, 'yar'uwa, amma an samu sauyi. Tun 2021 ma'aikatar ilimi ta wajabta wa jami'o'i kafa kwamitin karɓar irin waɗannan koke-koke, kuma wata doka da aka yi a 2022 ta sanya cin zarafin jima'i ta intanet cikin laifuffuka. Hajiya, ki ce su adana hotunan duk zagin kafin a goge, sannan ƙanwarki ta raka ƙawar tata gaban kwamitin, kada ta je ita kaɗai.