Bene ya leƙo tsakar gidanmu a unguwar Bagalam, Maraɗi

Uwar Biyu:
Assalamu alaikum. Wani mai kuɗi ya sayi tsohon gidan da ke manne da namu, ya rushe, ya tada bene hawa uku na haya. Tagoginsa tsakar gidanmu suke kallo, ko wanki ba ma yi sai da hijabi. Indararonsa kuma kan katangarmu ta laka yake, ga damina ta ƙarato. Ina zan nufa?

Malamin Zaure:
Wa alaikumus salam, Hajiya. Fara da mai unguwa. A Malikiyya, tagar da ke leƙen maƙwabci ana sa mai ita ya toshe.

Magini:
Yaya, bincika a ma'aikatar magajin gari ko yana da izinin gini. Ki ɗauki hoton katangar yanzu, gaban shaidu, saboda kotu.

Uwar Biyu:
Mai unguwa ya kira shi sau biyu, yaronsa ya aiko. Abin ya ci mini rai wallahi.