Furodusoshin finafinan Girka na farko: shawarwarin da aka bayar

A wata tattaunawa da aka yi kan yadda za a fahimci tarihin finafinan Girka, shawarar da ta fi ƙarfi ita ce a daina tsayawa kan darakta da jarumai kaɗai, a nemi wanda ya zuba kuɗi ya kuma samo kayan aiki. An kawo misalin 'yan'uwan gidan Gaziadis masu kamfanin Dag Film a Atina, waɗanda suka fitar da Astero a 1929, zamanin finafinai marasa magana.

Inda aka fi daɗewa shi ne kan Filopimin Finos. Aikin lauya ya karanta, amma zuciyarsa na wajen na'ura. Da hannunsa yake kwance kyamara da kayan ɗaukar sauti ya gyara, saboda samun sabbi daga waje ya yi wuya, musamman lokacin da Jamus ta mamaye Girka a Yaƙin Duniya na Biyu. A cikin wannan ƙunci ya kafa kamfanin Finos Film, fim ɗin kamfanin na farko ya fito a 1943. Ni dai wannan ya fi taɓa ni.

Wasu kuma sun ce a bibiyi yadda yake riƙe marubuta da 'yan wasa shekara da shekaru, har rasuwarsa a 1977.