Waɗanda suka taɓa sanya sharhin Larabci a PES na PPSSPP, yaya kuka ƙare?

Lamba Tara:
Assalamu alaikum 'yan'uwa. Na daɗe ina buga PES, wasan ƙwallon ƙafa na kamfanin Konami, a waya ta PPSSPP, manhajar da Henrik Rydgård ya fitar a 2012 domin a riƙa buga wasannin PSP, ƙaramar na'urar wasa ta Sony, a wasu na'urori, amma sharhin Turancin ya gundure ni. Muryar Issam Chaouali nake so, ɗan Tunisiyan nan na beIN Sports. Wanda ya taɓa gwadawa ya gaya mana abin da ya tarar.

Mai Tsaron Raga:
Wa alaikumus salam, Malam Lamba Tara. Kuskurena na farko shi ne na ɗauka sharhi ma kamar rigunan 'yan wasa yake, sai na kwana ina zuba fayiloli a cikin foldojin TEXTURES da SAVEDATA, ban ji ko tari da Larabci ba. Na farkon hotuna yake ɗauka, na biyun kuma ajiyar wasa da jerin 'yan ƙungiya. Murya kuwa tana can cikin ISO ɗin, wato fayil ɗin wasan kansa, saboda haka ko dai ka samo wanda aka riga aka gyara, ko ka buɗe shi da kanka. Ka kuma sani cewa yawancin waɗanda ake liƙa wa shekarar bana, PES 2014 ne aka yi wa kwaskwarima, domin daga shi Konami ba ta sake fitar da wani a PSP ba.

Ɗan Baya:
Ni da hannuna na yi, kuma na ji jiki. Na buɗe ISO da manhajar UMDGen a kwamfuta, na tarar ashe sharhin gutsattsarin murya ne masu ɗimbin yawa, kowanne da lambarsa, wasan kuwa lambar kawai yake kira, bai san abin da ke cikinta ba. Na yanko muryoyin da manhajar gyaran sauti ta Audacity, na mayar da su tsarin sauti na ADX, amma wajen jerawa na tsallake guda ɗaya, sai duk na bayansa suka gusa. Ranar da na gwada a gaban ƙanena, ƙwallo ta fita jifa, mai sharhi ya ɓarke da ihun an ci, da aka ci ta gaske kuma sai ya ce an yi satar gida. Har yau yaron bai daina yi mini dariya ba.

Akwai kuma matsalar tsayi. Masu sharhin Larabawa suna jan magana da kirari, gurbin da aka tanada kuwa na gajeren zancen Bature ne, don haka idan ba ka datse ba, za a mayar da ƙwallo tsakiya mutumin yana nan yana yabon wanda ya ci. Sunayen sababbin 'yan wasa ma ba ya kiransu sai ka ɗora su ɗaya bayan ɗaya.

Alƙalin Wasa:
Na ɗauko gyararren ISO ne, amma allo ya yi baƙi ƙirin sai da na mayar da harshen PPSSPP zuwa Sifaniyanci. Murya ta riƙa sarƙewa kuma har na bar CSO, wato matsattsen fayil ɗin wasan, na koma ISO.

Lamba Tara:
Na gode ƙwarai. Malam Ɗan Baya, idan jerin lambobin nan yana hannunka, ka taimaka mini da shi, zan fara da ihun cin ƙwallo kaɗai, bayan na adana asalin ISO ɗin a gefe.