Musayar Waƙa: Rahama Sadau, Gaban Kyamara da Bayanta

Baban Kurmi:
Salamu alaikum 'yan majalisa. Jiya jikata ta zaunar da ni kallo, take ce mini wai jarumar ma furodusa ce. Ga tawa, mai amsa ya amsa.

Da sunan Rabbana nake farawa,
Zancen Rahama nake tadawa,
'Yar Sadau ta Kaduna mai haskawa,
Ku matso kusa, yau akwai tambaya.

A 2013 aka fara ganinta,
Ali Nuhu ne ya riƙe hannunta,
Gani Ga Wane ya fito da sunanta,
Kafin a ankara ta cika duniya.

Fuska ta karɓu, an san ta ko'ina,
To wai furodusa kuma, don me, 'ya'yana?
Wa ke barin inuwa ya koma rana?
In ba kwaɗayi ba ne, ku ba ni gaskiya.

'Yar Lokeshan:
Baba, Allah ya ja kwana, ka saurara,
Inuwar da ka hango a gaban kyamara
Ba soro ba ce, rumfa ce ta kara,
Iska ɗaya ta isa ta kwashe ta.

A 2016, cikin watan Oktoba,
MOPPAN, ƙungiyar masu shirya fim, ta ce ta kore ta, ba wasa ba,
Kan bidiyon waƙa da mawaƙi ClassiQ, ba ka ji ba?
Dare ɗaya ƙofa ta rufe a gabanta.

Da ta naɗe hannu tana jiran darakta,
Da yanzu sai dai a ce, "Wance, kun tuna ta?"
Sai ta kafa Sadau Pictures abinta,
Fim ɗin Rariya ya fito a 2017 daga hannunta.

Ni mai kula da suturar 'yan wasa ce, Baba,
Na ga furodusa tana lissafi tun asuba,
Man janareta, shinkafar ma'aikata, ba a biya ba,
Mai kyamara ya haɗe rai yana kallonta.

Mai gidan da aka ara ya ce lokaci ya yi,
Jarumi ya kashe waya, wai yana can Bauchi,
Hadari ya haɗo, ga fitila ta ƙi,
Kowa ya tafi barci, ban da ita da editanta.

Ɗan Tudun Wada:
Yaya, kin yi kyau, amma kin tsallake talabijin, alhali nan gizo ke saƙa.

Kasuwar faifai ta mutu muna kallo,
Ƙofar Wambai ta daina kiran mai tallo,
Shiri mai dogon zango ya karɓi allo,
Arewa24 da YouTube suka gaje ta.

Shekarar korar nan, Yaya, ki tuna,
Tashar EbonyLife ta sa ta a gidajen Legas da Kaduna,
Sons of the Caliphate, da Turanci, ga suna,
MTV Shuga ma ta zo ta ɗauke ta.

Fim ɗin Indiya kuwa ta shiga a 2022, ku dai ku bari,
Mu da muka tashi da kallonsu tun fari!

Inna Mai Carbi:
Ɗana, kwantar da murya, ba gasar ƙasashe ake ba.

Ban ƙi mace ta riƙe jarinta ba,
Nana Khadija ma ba zaman banza ta yi ba,
Sai dai jaruma kan ce, "Ba ni na rubuta ba,"
Furodusa fa, wa za ta nuna in an tambaye ta?

Ita ta zaɓi labari, ita ta zaɓi riga,
Abin da ya shigo falona, jikoki suka daga,
Ni ba hukumar tace fim nake jira in ga,
Mai shirin nake nema, in ji ta bakinta.

'Yar Lokeshan:
Inna, wannan kam na sunkuya, ban da ja,
Wanda ya riƙe akala shi raƙumi ke ja.

Baban Kurmi:
'Yata ta lokeshan, kin kayar da ni,
Na ɗauka hutu take, ashe gini take yi,
Inna kuma ta ɗora mata wani nauyi,
Na janye kalmar kwaɗayi, ku shaida.

Sai da safenku. An kawo wuta, jikar tawa na ta kira wai kashi na gaba ya fara, kuma ta ɓoye mini rimot.